John Carpenter: Daraktan da Ƙarancin Kuɗi Ya Mayar Makaɗi

Duk wanda ya tashi a Kano ko Zariya ko Damagaram a zamanin kaset ɗin bidiyo, da wuya a ce bai taɓa tanƙwashe ƙafa gaban talabijin ya kalli Ar-Risala ba, fim ɗin tarihin farkon Musulunci da ya fito a 1976, ko kuwa na Umar Mukhtar, dattijon Libiya da ya hana sojojin Italiya sakat har shekara ashirin. Mutum ɗaya ne ya ba da umarnin su biyun, wato Mustapha Akkad, haifaffen birnin Halab na ƙasar Siriya, wanda ya tafi Amurka neman ilimin fim ya yi zamansa a can. Abin da ba kowa ya sani ba a nan shi ne, a tsakanin waɗannan manyan ayyuka biyu Akkad ya ware kimanin dala 300,000 ya damƙa wa wani matashi ɗan shekara 30 don ya yi ƙaramin fim ɗin ban tsoro. Fim ɗin, mai suna Halloween, ya fito a watan Oktoban 1978, ya kuma tara abin da ya kai dala miliyan 70 a sinimomin duniya. Sunan matashin John Carpenter. Shi ya rubuta labarin tare da abokiyar aikinsa Debra Hill, shi ya ba da umarni, kuma shi ya zauna gaban fiyano ya tsara kiɗan da ke raka fim ɗin, domin abin da ya rage a lalitar ba zai ɗauki makaɗi ba.

A Hollywood kowa da gonarsa. Marubuci daban, darakta daban, mai tace hoto daban, mai kiɗa daban, kowannensu da ƙungiyarsa da ke tsare masa haƙƙi da farashi. Waɗanda suka haɗa rubutu da umarni da kiɗa a hannu ɗaya ana iya ƙirga su da yatsu. Charlie Chaplin ya yi. A Indiya ma Satyajit Ray na Kalkata ya soma tsara kiɗan finafinansa da kansa tun 1961. Amma su waɗannan sai da suka yi suna tukuna suka karɓi kiɗan don ra'ayinsu. Carpenter kuwa tilas ce ta kai shi. Ya sha faɗa a hirarraki cewa ya duba ko'ina bai ga makaɗin da ya fi shi araha da sauri ba. Mutane kan ɗauki maganar a matsayin barkwanci, amma in aka bi tarihinsa za a ga a kanta ya gina sana'arsa gaba ɗaya: yi aikin da araha yadda mai kuɗi ba zai damu ya tsoma maka baki ba.

An haife shi ranar 16 ga Janairun 1948 a garin Carthage na jihar New York. Yana ɗan shekara biyar iyalin suka koma Bowling Green a jihar Kentucky, inda mahaifinsa, Howard Carpenter, ya sami aikin koyar da kiɗa a jami'ar garin. Uban gwanin goge ne irin na Turawa, ya kuma so ɗan ya gaje shi, sai dai hannun yaron bai faɗa a kan gogen ba. Hankalinsa na kan finafinan kaboyi da na dodannin sararin samaniya, har ya soma ɗaukar nasa da ƙaramar kyamarar gida tun bai shiga sakandare ba. Abin da ya tsira da shi daga darussan uban wani ɗan bugu ne da aka koya masa a kan tagwayen ganguna 'yan ƙanana, wanda ake ƙirga shi biyar-biyar. Za mu dawo kansa.

A 1968 ya tafi makarantar koyon fim ta Jami'ar Kudancin Kalifoniya. Wani gajeren fim na ɗalibai, The Resurrection of Broncho Billy, wanda ya sa hannu a rubutunsa ya kuma tace shi ya yi masa kiɗa, ya ci kyautar Oscar ta gajerun finafinan 1970. Bai tsaya karɓar takardar kammalawa ba. Shi da abokinsa Dan O'Bannon suka faɗaɗa wani aikinsu na makaranta ya zama cikakken fim, Dark Star, wanda ya fito a 1974 a kan kimanin dala 60,000. Dodon da ke cikin jirgin sararin samaniyar fim ɗin ƙwallon roba ce irin wadda yara ke wasa da ita a bakin teku, aka fesa mata fenti aka maƙala mata farata. Fim ɗin bai yi kasuwa ba, abokan kuma suka ɓata. O'Bannon ya tafi da tunanin dodo a cikin jirgi ya mai da shi Alien, wanda ya girgiza duniya a 1979.

Na biyun, Assault on Precinct 13 na 1976, a nan aka fara ganin hannunsa sosai. Dala 100,000 aka ba shi da kwana ashirin na ɗauka. Labarin wani ofishin 'yan sanda ne a Los Angeles da ake shirin rufewa, 'yan daba suka yi masa ƙawanya cikin dare, ɗan sanda baƙar fata da wani fursuna Bature da aka yanke wa hukuncin kisa suka ga ba su da mafita sai su haɗa kai. Ya aro ginin labarin daga Rio Bravo, fim ɗin kaboyi na Howard Hawks da ya fito a 1959, bai kuma ɓoye ba: da ya zo rubuta sunan wanda ya tace hoto, maimakon nasa sai ya sa John T. Chance, sunan da John Wayne ya fito da shi a wancan fim. Kiɗan kuwa 'yan sautuka ne ƙalilan masu kauri daga na'urar haɗa sauti ta lantarki, suna ta maimaita kansu, da wani ƙas-ƙas a ƙarƙashi. A Amurka ba wanda ya kula. Sai da aka nuna shi a bikin finafinai na Landan a 1977 'yan kallo suka yi ta tafi, sannan labarinsa ya dawo gida.

Kwana ashirin a Pasadena

Wani dillalin finafinai, Irwin Yablans, shi ya kawo shawarar a yi fim a kan makashin da ke bin 'yan matan da ke rainon yaran maƙwabta, a daren 31 ga Oktoba, daren da yaran Amurka ke sa kayan dodanni suna bi gida-gida neman alawa. Akkad ya ɗauki nauyi. Ladan da aka yanka wa Carpenter dala 10,000 ne, na rubutu da umarni da kiɗa duka, sai kashi goma cikin ɗari na riba in an samu. Bai yi gardamar kuɗin ba. A kan abu biyu ya kafe: ba mai taɓa masa fim bayan ya gama tacewa, kuma sunansa ne zai zo a saman sunan fim ɗin. Ga matashi irinsa, wannan ƙarfin hali ne, amma da yake jarin ba shi da yawa sai aka ce ya je ya yi.

An ɗauki fim ɗin cikin kimanin kwana ashirin a watan Mayun 1978, a unguwannin South Pasadena na Kalifoniya. Labarin kuwa yana faruwa ne a wani ƙagaggen gari na jihar Illinois, a lokacin da itatuwa ke zubar da ganye. A Kalifoniya a watan Mayu ko'ina kore shar. Sai ma'aikata suka tanadi busassun ganyaye da aka yi wa fenti a cikin buhuna. Kafin a ɗauki fitowa a watsa su a titi, da an gama a bi a tsince a mayar cikin buhu, don gobe ma ana bukata. Mai lura zai hango bishiyoyin baya suna nan da korensu.

Fuskar makashin, Michael Myers, wadda yau ake sayarwa a kowace nahiya, a wani shago aka saye ta a kan kuɗin da bai kai dala biyu ba. Fuskar roba ce ta jarumi William Shatner na shirin Star Trek. Tommy Lee Wallace, abokin Carpenter tun daga Bowling Green, ya faɗaɗa ramukan idon da almakashi, ya cire sajen, ya hargitsa gashin, ya fesa mata farin fenti. Abin da ya fito fuska ce da ba fushi ba murmushi, ba abin da za ka karanta a cikinta. Jarumar, Jamie Lee Curtis, wannan ne fim ɗinta na farko, an biya ta dala 8,000. Tsohon ɗan wasan Ingila Donald Pleasence, wanda shi kaɗai ne sananne a cikinsu, ya karɓi dala 20,000 na aikin kwana biyar.

Inda bai yi rowa ba shi ne kyamara. Ya dage a ɗauka da faffaɗan hoto irin na manyan kamfanoni, ya kuma yi hayar wata sabuwar na'ura da mai ɗaukar hoto ke ɗaurawa a jiki ya yi tafiya ba tare da hoton ya girgiza ba. Shi da mai ɗaukar hotonsa Dean Cundey sun san amfanin faɗin: a ajiye yarinya a gefe ɗaya, a bar sauran allon duhu, idon mai kallo ya yi ta lalube. Akwai wurin da jarumar ke zaune a bakin ƙofa tana haki, ta ɗauka ta kashe shi. Can bayanta, inda hoton bai fito sosai ba, sai gawar ta tashi zaune a hankali, ta juyo da kai. Ita ba ta gani ba, mu muna gani. Jini kuwa kaɗan ne ƙwarai a fim ɗin, duk da cewa waɗanda suka kwaikwaye shi daga baya da bokiti suka riƙa kwararawa.

Da ya haɗa hoton, kafin a sa kiɗa, ya nuna wa wata jami'ar kamfanin 20th Century Fox. Ta kalla har ƙarshe ta ce ita ba ta ji tsoron komai ba. Carpenter ya ce daga nan ya ƙudura zai ceci fim ɗin da kiɗa. Kwana uku ya samu a situdiyo, tare da Dan Wyman, wanda ya san kan na'urorin. Ba su da hanyar kunna hoton suna kallo suna bugawa, sai dai agogo da abin da ya riƙe a ka. A nan bugun da mahaifinsa ya koya masa ya yi rana. Yawancin kiɗan da kunne ya saba da shi huɗu-huɗu yake tafiya, ko uku-uku, jiki ya san inda zai sauka. Wannan kuwa biyar ne: dogo, dogo, gajere, gajere, a kan 'yan maɓallan fiyano na can sama, ba hutu. Kamar mai sauka daga bene ne a cikin duhu, ƙafa ta ɗauka saura mataki ɗaya sai ta iske ƙasa ta riga ta zo. A ƙarƙashi kuma wani sauti mai nauyi yana saukowa sannu-sannu. Yaron da ya yi wata guda yana koyon fiyano zai iya buga shi, amma ba inda za a kunna shi a yau ba a gane shi ba. Da aka zo rubuta sunaye a ƙarshen fim, sai ya danganta bugun ga wata babbar ƙungiyar makaɗa ta Bowling Green, wadda babu ita a duniya. Watanni bayan haka ya sake haɗuwa da jami'ar nan, ta kalli fim ɗin da kiɗansa, ta yi ta yabo, alhali ko hoto ɗaya bai canza ba.

A nan akwai abin da ya kamata masu shirya finafinanmu su tsaya su duba. Mu ma fiyanon lantarki ne ya raini masana'antar tun shekarun 1990, a 'yan situdiyoyin Kano, kuma saboda dalili guda: araha. Sai dai ƙarfinmu duka ya tafi ga waƙa, wadda ita ke sayar da fim. Kiɗan da ke tafiya a ƙarƙashin magana, wanda zai gaya wa mai kallo cewa akwai wani a bayan ƙofa, sau da yawa sai a ƙarshe ake tunawa da shi, a ɗauko sautin tausayi ɗaya a shimfiɗa tun daga rasuwar uba har zuwa sakin aure. Kayan aikin da ke cikin kwamfutar kowane ɗan situdiyo a yau sun ninka abin da Carpenter ya taɓa a 1978.

Halloween ya zama hanyar abincin Akkad har ƙarshen rayuwarsa. Sunansa na kan kashi takwas na farko na jerin finafinan Halloween. Ya rasu a watan Nuwamban 2005 sakamakon harin bam da aka kai wa otal-otal a birnin Amman na Jodan, harin da ya ci 'yarsa Rima ita ma. Debra Hill ta riga shi da 'yan watanni a shekarar.

Da kuɗi suka yi yawa

Bayan The Fog a 1980 sai Escape from New York a 1981, inda aka mai da tsibirin Manhattan gidan yari. Dala miliyan 6 ba za ta gina rusasshen birni ba, sai suka tafi St. Louis, inda gobarar 1976 ta bar unguwanni a ƙone, suka ɗauka a can cikin dare. A wannan fim ya fara aiki da injiniyan sauti Alan Howarth, wanda ya haɗa masa na'urori yadda zai riƙa kallon hoton yana bugawa nan take. Carpenter bai rubuta kiɗa a takarda. Ya zauna, ya kalla, yatsu su bi abin da ido ya gani, a ɗora wani sautin a kan wani har abin ya yi kauri.

Daga nan babban kamfanin Universal ya kira shi, ya ba shi dala miliyan 15 ya yi The Thing. Karon farko da ya sami kuɗi sosai, kuma a wannan karon wani ne ya rubuta labarin, Bill Lancaster, kiɗan kuma aka ba Ennio Morricone na Italiya, mai fiton nan na finafinan kaboyi da tsofaffin 'yan sinima ba za su manta ba. Abin dariya, Carpenter ya roƙe shi ya rage yawan sautuka, sai maigidan ya kawo wani bugu mai kama da bugun zuciya wanda duk mai ji zai rantse Carpenter ne ya yi. Labarin wasu masu bincike ne su goma sha biyu a ƙanƙarar Antatika, wata halitta ta shigo musu wadda ke haɗiye mutum ta ɗauki kamanninsa, har ba wanda ya yarda da wani. Wurin da aka ɗaure su a kujeru ana ɗiban jinin kowa a faranti, ana tsoma masa zazzafar waya don a ga na wa zai zabura, a ganina ba abin da ya taɓa ɗauka da ya kai shi.

Fim ɗin ya fito ranar 25 ga Yunin 1982, mako biyu bayan E.T. na Steven Spielberg, wanda baƙonsa na sararin samaniya abin tausayi ne da yara ke so. 'Yan kallo suka zaɓi wancan. Masu sharhi suka yi wa The Thing kaca-kaca, suka ce ƙazanta ce zalla, abin da ya tara a Amurka bai kai dala miliyan 20 ba. Universal ta janye aikin da ta riga ta ba shi na fim ɗin Firestarter. Ya sha cewa ba faɗuwar da ta yi masa ciwo kamar wannan. Kaset ɗin bidiyo ne ya fanshe shi a hankali, har ya zama ana lissafa shi cikin finafinan ban tsoro mafiya kyau. Ma'aikatan tashar binciken Amurka da ke tsakiyar Antatika sun mai da shi al'ada, su kalle shi duk shekara bayan jirgin ƙarshe ya tashi ya bar su da hunturu. Wani ɓangare na kiɗan Morricone da ba a yi amfani da shi ba kuwa, Quentin Tarantino ya sa shi a The Hateful Eight na 2015, fim ɗin da ya kawo wa tsohon kyautar Oscar.

Ya ci gaba da yi wa manyan kamfanoni aiki: Christine a 1983, Starman a 1984, sai Big Trouble in Little China a 1986, wanda ya faɗi a kasuwa bayan doguwar taƙaddama da shugabannin kamfani. Sai ya tattara ya koma inda ya fito. Ya ƙulla yarjejeniya da wani ƙaramin kamfani, Alive Films: kimanin dala miliyan 3 kowane fim, amma ba mai ce masa uffan. Ya yi Prince of Darkness a 1987 da They Live a 1988, ya rubuta su da sunayen aro, Martin Quatermass da Frank Armitage, don kada sunansa ya cika allo.

They Live shi ne fim ɗinsa da ya fi fito da fushinsa fili, kuma da siyasar Shugaba Ronald Reagan yake. Wani lebura marar matsuguni, wanda ɗan kokawa Roddy Piper ya fito a matsayinsa, ya tsinci baƙin tabarau. Da ya saka sai launi ya ɗauke, allunan talla suka koma umarni tsirara, wannan na cewa a yi biyayya, wancan na cewa a yi ta saye, takardar kuɗi kuma na shelar cewa ita ce abin bauta. Masu hannu da shuni da dama kuwa ashe ba mutane ba ne. Akwai dambe na fiye da minti biyar a wani lungu, don kawai abokinsa ya ƙi yarda ya saka tabaran. Wasu na ganin tsawon ya yi yawa. Ni dai ina ganin da gangan ne, domin duk wanda ya taɓa ƙoƙarin nuna wa ɗan'uwansa abin da bai son gani ya san ba a gama wannan da naushi biyu. Fim ɗin ya zo na ɗaya a makon fitowarsa.

Shekarun 1990 da na bayansu ba su yi masa daɗi ba, kuma ba duka laifin kamfanoni ba ne. In the Mouth of Madness yana da masoya, amma Escape from L.A. na 1996, wanda ya ci kimanin dala miliyan 50, maimaici ne da bai kai na farkon ba, Ghosts of Mars na 2001 kuwa rabin jarinsa kawai ya mayar. Rubutunsa dama bai taɓa zama mai zurfin zance ba, mutanensa 'yan magana kaɗan ne, idan ginin labarin ya yi rauni ba abin da zai rufa masa asiri. Salon kiɗan ma da ya bar sauƙinsa ya koma hayaniyar gita sai ya rasa abin da ya bambanta shi. Ya taɓa kwatanta matsayinsa da cewa a Faransa ana ɗaukarsa babban mai fasaha, a Ingila mai finafinan ban tsoro, a ƙasarsa kuwa ɗan zaman banza. Bayan The Ward na 2010 bai sake ba da umarnin cikakken fim ba.

Sai kiɗan ya ɗauke shi. Shi da ɗansa Cody sukan yi wasan bidiyo su gaji, su shiga ɗakin na'urori su yi ta bugawa don nishaɗi. Da Daniel Davies, ɗan wani makaɗin ƙungiyar The Kinks wanda ya taso a hannunsa, suka zama su uku. Abin da suka tara ya fito a 2015 a matsayin kundi mai suna Lost Themes, daga ƙaramin kamfanin Sacred Bones, kiɗan finafinan da ba a taɓa yi ba. A 2016, yana da shekara 68, ya fara hawa dandamali yana zagaya biranen Turai da Amurka, yana tsaye bayan fiyano, ana haska finafinansa a bango, matasan da ba a haifa ba lokacin Halloween suna ihu. Kundi na huɗu a jerin ya fito a 2024. Su ukun suka yi kiɗan sababbin Halloween na 2018 da 2021 da 2022, waɗanda Malek, ɗan Akkad, ke cikin masu shirya su. Da aka sake yin Firestarter a 2022, fim ɗin da aka ƙwace masa shekara arba'in baya, shi aka nema ya yi kiɗan.

Sunan nan da ya kafe sai an sa a sama, da haƙƙin rubutun da ya riƙe, su ke ciyar da shi yanzu. An sake yin Assault on Precinct 13 da The Fog a 2005, yakan kuma ce abin da ya fi so game da irin wannan shi ne ya miƙa hannu cek ya faɗo. Wanda bai biya ba kuwa sai kotu: ya yi ƙarar kamfanin Luc Besson a Faransa kan cewa fim ɗin Lockout na 2012 kwafin Escape from New York ne, ya yi nasara, da suka ɗaukaka ƙara a 2016 kotu ta ƙara diyyar zuwa yuro 450,000. A 2019 daraktocin Faransa suka karrama shi a bikin Cannes. A 2023 ya amince ya ba da umarnin kashi ɗaya na wani shirin talabijin, Suburban Screams. 'Yan wasa da ma'aikata suna birnin Prague na ƙasar Cek, shi kuwa yana zaune a kujerar falonsa a Los Angeles, yana kallon allo yana faɗa musu inda za su tsaya.